Sarkin Rumawa a Kotun Madarunfa

Wanda duk rikicin bashi ko na ciniki ya taɓa kai shi gaban mai shari'a a Madarunfa, ya ga an buɗe littafi da Faransanci. To, kakan wannan littafi ba Bafaranshe ba ne.

Sunansa Justiniyan, sarkin Rumawa, waɗannan Rumawan dai da aka saukar da sura da sunansu. Ya hau gadon sarauta a birnin Kustantiniyya, Istanbul ta yau, a shekarar 527, ya rasu a 565, shekara biyar ke nan kafin haihuwar Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi. Ya tarar da dokokin Rum sun yi tsibi, wannan na karo da waccan, alƙali ya ɗauki wadda ta yi masa. Sai ya sa wani masani mai suna Tiriboniyan ya tara malaman shari'a, suka tace, suka zubar da abin da ya tsufa. A 533 suka fito da fatawoyin magabata cikin littafi 50, da wani ƙaramin littafi na 'yan koyo.

Aikin ya yi ƙarnuka a kwance, har malaman Bolonya ta Italiya suka farfaɗo da shi wajen ƙarni na 11. Daga can Faransawa suka ɗebi mafi yawan ƙa'idojin ciniki, haya, rance da mallaka, suka zuba a kundin Napoliyon na 1804. Mulkin mallaka ya kawo kundin nan ƙasarmu Nijar, aka samu 'yanci a 1960, bai koma ba.

Sai dai hannun Justiniyan bai kai ko'ina ba, kuma a ganina nan ne daɗin labarin. Dokar Nijar ta ce aure, saki, gado da gonar da ba ta da takarda, al'adar masu ƙara za a bi. Shi ya sa za ka ga dattawa masana al'ada zaune kusa da mai shari'a, galibinsu malamai. Al'adar kuwa, a ƙasar Maraɗi, ta daɗe da cuɗanya da fiƙihun Malikiyya, har raba su sai gwani. Kafin ma a je kotu, mai gari ko sarki ya riga ya gwada sulhu. Gonar da aka yi wa rajista ta samu takardar mallaka kuwa, ta fita daga hannun dattawa, ta koma ƙarƙashin rubutacciyar doka.

Ka wuce Ɗan Isa ka tsallaka Jibiya, labari ya sauya. 'Yan uwanmu na Katsina dokar Ingila suka gada tare da kotunan shari'ar Musulunci, Ingila kuwa hukuncin alƙalan baya take bi. Ɗan kasuwar da ke sayo kaya can ya sayar nan, a rana ɗaya yana ratsa gidajen shari'a biyu.