Yadda ake kwance bindigar farauta mai ɗura kanta don a goge ta

Damina ta wuce, an kai hatsi rumbu. Yanzu ne mafarauci yake sauke bindigarsa daga inda ya rataye ta wata da watanni. Wani yana saukewa sai ya ɗura harsashi ya nufi daji. Wannan ganganci ne. Bindigar da ta sha laimar damina tana iya yin tsatsa a ciki. Zanzaro ma yana iya shiga bututun ya gina ɗakinsa na laka. In aka harba alhali bututu yana toshe, ƙarfen yana iya kumbura ko ya fashe, kuma hannun mai harbi da idonsa suna nan kusa.

Yawancin bindigogin da muke gani a ƙauyuka ƙirar maƙera ce, ko kuma mai baki ɗaya wadda ake karyawa a sa harsashi guda. Goge waɗannan ba wuya. Amma akwai wata iri mai ɗura kanta: in ka harba, ita da kanta za ta tofar da kwanson harsashi, ta ɗauko sabo. Kai dai jan kunama ne naka, kowane ja harbi ɗaya. Tana da ƴan ƙarafa a ciki waɗanda in an maida su a juye sai ta lalace. Za mu ɗauki misali da wadda ta fi tsufa cikinsu, wato Browning Auto-5.

Wani Ba'amurke ne ya ƙago ta a 1898, sunansa John Browning. Ya kai wa kamfanin Winchester, ba su daidaita kan kuɗi ba. Ya tafi wajen kamfanin Remington a farkon 1902, yana zaune yana jiran ganin shugaban kamfanin, sai aka ce Allah ya yi wa mutumin rasuwa. Daga nan ya ƙetare teku zuwa ƙasar Beljiyam, inda masana'antar FN ta garin Herstal ta karɓi aikin. An yi ta ƙera wannan bindiga har 1998. Daga tsakiyar shekarun 1970 aikin ya koma ƙasar Japan. Ana gane ta da ɗan doron da take da shi a baya. Tana cin harsashi 5: huɗu cikin rumbu, ɗaya a gindin bututu.

Kafin mutum ya kwance abu, ya kamata ya san yadda yake aiki. Ga sassanta. Akwai bututu, inda harsashi yake fita. Ƙarƙashinsa akwai wani bututun gajere inda harsasai suke jira, mu kira shi rumbu. Akwai uwar bindiga, wato akwatin ƙarfe na tsakiya. Cikin uwar akwai sakata, ita ce take rufe bayan harsashi, tana da ɗan kunne a gefen dama wanda ake ja da yatsa. Sai katakon gaba, inda ake riƙewa da hannun hagu, da ƙota wadda ake dafawa a kafaɗa.

In an harba, ƙarfin albarushi yana tura bututu da sakata baya tare, kamar tsawon harsashi guda. Wani babban resor da yake naɗe a jikin rumbu, irin na ƙarƙashin sirdin keke amma dogo, shi yake maido da bututu gaba. A lokacin nan ne kwanso yake fita. Sannan sakata ta biyo baya, ta turo sabon harsashi. Duk wannan kafin ƙiftawar ido. To amma in bututu ya koma baya da gudu babu mai tare shi, zai riƙa dukan uwar bindiga kamar guduma. Don haka aka yi masa birki. Birkin nan zobba ne guda biyu a jikin rumbu, ɗaya na tagulla, ɗaya na baƙin ƙarfe. Ku riƙe zancen zobban nan, za mu komo kansu.

Da farko a fid da harsashi

Kada ka ce ai na san babu kome a ciki. Masu irin wannan magana su ne suke harbin ƴan gidansu. Ka kori yara. Ka juya bakin bindiga wajen da babu mutum ko dabba. Ka kulle kunama. Ka ja kunnen sakata baya, harsashin da ke ciki ya faɗo, ka sake ja har sai babu abin da ya fito.

A nan akwai wani tarko. A gefen hagu na uwar bindiga akwai wani ɗan ƙarfe da ake juyawa don a tsare harsasan rumbu. In an juya shi, za ka ja sakata, harsashi ɗaya ya fito, sakata ta tsaya a buɗe, ka zaci bindiga ta ƙare. Alhali huɗu suna nan kwance cikin rumbu. Saboda haka ka duba ƙarfen nan. Ka leƙa gindin bututu da ido, ka sa ɗan yatsa ka taɓa. Ka juya bindiga ka leƙa bakin rumbu ta ƙasa. Harsasan da ka fitar ka kai su wani ɗaki, kada su zauna a tabarmar da kake aiki.

Kwancewa

Ka shimfiɗa tabarma ko buhu mai tsabta a inuwa, inda iska ba ta kaɗa rairayi. Ka bar sakata a buɗe. Ka kafa ƙota a ƙasa, bakin bindiga yana duban sama, nesa da fuskarka. Da hannu ɗaya ka danna bututu ƙasa kaɗan, don resor yana tura shi da ƙarfi. Da ɗaya hannun ka murɗe murfin da ke kan rumbu. In murfi ya fita, ka saki bututu a hankali. Ka zare katakon gaba, sannan ka zare bututu.

Yanzu ga zobba da resor a fili. Kafin ka taɓa su, ka dube su da kyau. Wane ne gaba, wane ne baya? Ka jera su bisa tabarma yadda ka same su. Wanda ya iya rubutu ya zana su a takarda, ga amfanin yaƙi da jahilci nan.

Abu guda kada ka yi: kada ka danna maɓallin da yake sakin sakata alhali bututu ba ya ciki. Za ta ruga gaba babu abin da zai tare ta, kunnenta ya daki bakin uwar bindiga ya yi masa lahani. In kana so ka rufe ta, ka riƙe kunnen ka raka ta sannu.

Iyakar kwancewar mai bindiga ke nan. Bis-bis ɗin da ke jikin uwar suna da siririn tsagi, wasu kuma suna da ƙananan bis masu tsare su. Turnabis na gyaran keke zai ɓata musu kai. A ciki akwai ƙananan resor da suke tsalle su ɓace cikin ƙasa. In abin ciki ya lalace, a kai wa wanda ya koyi gyaran bindiga.

Gogewa

Kayan aiki kaɗan ne: sanda siririya ta itace ko ta tagulla wadda ta fi bututu tsawo, buroshin bututu, tsohon buroshin haƙora, tsummokaran auduga masu tsabta, da man bindiga. In babu man bindiga, man keken ɗinki ya wadatar. Kada a sa man gyaɗa ko man shanu. Suna daskarewa su zama danƙo, su liƙe sakata.

Ka jiƙa tsumma da mai, ka tura shi da sanda daga gindin bututu zuwa baki. Ka bi da buroshi sau da yawa. Ka sake tura busasshen tsumma, ka canza, ka sake, har ya fito fari. Ka ɗaga bututu wajen haske ka leƙa. Ya kamata ka gan shi yana ƙyalli kamar madubi. Wurin da harsashi yake zama a gindi ka fi ba shi ƙarfi, don in ya yi datti kwanso yana maƙalewa. Masu bindigar maƙera sun saba wanke ta da ruwan zafi, saboda tokar baƙin albarushi tana jan laima. Harsashin kanti na zamani ba ya bukatar haka, kada ka zuba wa wannan ruwa.

Cikin uwar bindiga ka share da buroshin haƙora iyakar inda hannu ya kai, ka ɗiga mai ɗigo biyu ko uku a hanyar da sakata take bi. Resor da zobba ka goge su su bushe.

Sai jikin rumbu, inda zobba suke zamewa. A nan ne mutane da yawa suke kuskure, kuma don sun so bindigarsu ne. Suna ganin yawan mai shi ne kulawa. Wa ya taɓa shafa wa birkin keke mai? Zoben tagulla aikinsa ya matse rumbu ya rage gudun bututu. In ka cika mai, sai ya yi santsi, birki ya mutu. Bindiga ta riƙa harbin kafaɗa kamar jaki, katakon gaba ya tsage, ƙota ma ta tsage. Ɗigo ɗaya a tsumma, a shafa, a sake gogewa, ya isa. A ƙasarmu kuma akwai dalili na biyu. Ƙurar hunturu tana manne wa mai, su haɗu su zama kamar dutsen wasa wuƙa, su riƙa cin ƙarfe a hankali. A ganina, da rani gara bindiga ta ɗan bushe da ta jiƙe.

Maida zobba

Ana jera zobban ne bisa ga nauyin harsashi. Nauyin dalma yana rubuce a jikin kwali. Mai gram 28 mara nauyi ne, mai gram 36 mai nauyi ne.

In harsashi mai nauyi za ka harba, ka fara sa resor, sai zoben baƙin ƙarfe, sai na tagulla, sannan bututu. Ta haka ana matse zoben tagulla gaba da baya, birki ya yi ƙarfi. In mara nauyi ne, zoben baƙin ƙarfe ya koma can baya ya jingina da uwar bindiga, sai resor, sai na tagulla, sai bututu. Zoben baƙin ƙarfe yana da fuska biyu, ɗaya shafaffa, ɗaya mai gangare. Kullum shafaffar ce take duban resor. Zoben tagulla kuwa ba a harbi ba tare da shi ba, ko sau ɗaya.

In kana shakka, ka fara da jerin mai nauyi. In kwanso ya ƙi fita, sannan ka koma ɗaya jerin. Kwanson da ya maƙale ɓacin rai ne kawai, uwar bindiga da ta tsage kuwa asara ce. Wadda aka rubuta wa Magnum zobbanta sun fi biyu, jerinta dabam ne, mai ita ya bi takardarta.

Da sakata a buɗe, ka zura bututu, ka danna shi, ka sa katakon gaba, ka murɗe murfi har ya kama sosai. Murfin da ya yi sako-sako shi ma yana tsaga katako.

Akwai masu ɗura kansu da ba su da waɗannan zobba, kamar Remington 1100 da ta fito a 1963. Ita hayaƙin albarushi ne yake tura sakatarta, ta wasu ƙananan ramuka a ƙarƙashin bututu. Aikin mai ita shi ne ya hana ramukan toshewa, ya kuma duba ɗan zoben roba da ke wurin ko ya tsinke.

Tun da bututu yana hannunka, ka karanta lambobin da aka buga a jikinsa. Lamba 12 ko 16 ko 20 faɗin bututu ce. Lamba 65 ko 70 ko 76 tsawon harsashi ne da milimita. Kada ka sa dogon harsashi a gajeren wuri, ko da ya shiga. Kada kuma ka haɗa harsashi mai lamba 20 da mai lamba 12 a aljihu ɗaya. Ƙaramin yana zamewa cikin babban bututu ya maƙale a ciki, a ɗura wani a bayansa, bututu ya fashe.

In ka gama, ka wanke hannu da sabulu kafin ka ci tuwo ko goro, don dalma guba ce, ta fi cutar da yara. Ka ajiye bindiga babu harsashi, a wuri busasshe mai kulle, harsasai kuma a wani wurin dabam. Wasu suna toshe baki da tsumma saboda zanzaro, sai su manta da shi ran fita. Gara a sa bindigar duka cikin jakar yadi, a leƙa bututu kowace safiyar farauta.

Riƙe bindiga yana bukatar takardar izini, farauta ma haka. A Nijar an kafa dokar farauta da kare namun daji mai lamba 98-07 ranar 29 ga Afrilu 1998. Akwai wuraren da ba a harbi ko kaɗan, kamar gandun dajin Gadabeji. Kafin ka fita, ka je wajen ma'aikatan gandun daji na yankinku su gaya maka lokacin da aka buɗe farauta da namun da aka hana taɓawa.