Ƙananan injuna masu haihuwar kansu

Ku ɗauki abin awonku, ku duba milimeta guda. In aka raba shi kashi miliyan, kowane kashi sunansa nanometa. Ido ba ya ganinsa. Kaurin silin gashi guda ya kai wajen nanometa dubu 80.

A shekara ta 1959, wani masani na Amurka, Richard Feynman, ya ce mutum zai iya ƙera injuna ƙanana ƙwarai. A 1986 kuma, Eric Drexler ya rubuta littafi bisa ƙaramin inji wanda zai tsinci kayan aiki kewaye da shi, ya ƙera wani inji irinsa.

Mine ne amfanin haka? Irin wannan inji, shi kaɗai, ba ya iya aikin kirki. Sai sun yi yawa, don sarkin yawa ya fi sarkin ƙarfi. Masana suna fatan wata rana su kai magani daidai wurin ciwo cikin jiki, ko su tsabtace ruwan sha.

To, mu yi lissafi. A ce kowane inji yana zama biyu cikin awa guda. Bayan awa 10, guda ya zama 1.024. Bayan awa 20, sun wuce miliyan. Nan hatsarin yake. In ba su tsaya ba, suna iya cinye itace da ciyawa, kamar yadda fari suke yi ma gonar hatsi.

Amma kada ku ji tsoro. Har yau ba a ƙera irin wannan inji ba. Ƙwayoyin cuta ma, waɗansunsu suna zama biyu cikin minti 20, amma ba su cika duniya ba, domin abincinsu yana ƙarewa. A 2004, Drexler da kansa ya ce ba dole ne injunan su haifi kansu ba. Ya fi kyau a ƙera su cikin masana'anta, inda mutum yake ƙayyade yawansu.

Injunan da ba su haihuwa kuwa, an fara samunsu. A 2016, masana uku sun samu kyautar Nobel saboda su. Ɗayansu Bafaranshe ne, Jean-Pierre Sauvage.

Tambayoyi
1. Nanometa nawa ne cikin milimeta guda?
2. Inji guda zai zama nawa bayan awa 5?
3. Domi ƙwayoyin cuta ba su cika duniya ba?