Majami'ar Kilpeck: Ginin Da Rashin Wadata Ya Tsare

A yammacin Ingila, dab da iyakar Wales, akwai wani ɗan ƙauye mai suna Kilpeck a gundumar Herefordshire. Mutanensa kaɗan ne, amma majami'arsu ta ja hankalin masana gine-gine daga ko'ina. An gina ta wajajen shekarar 1140 da jan dutsen yankin, a zamanin da Normawa, waɗanda suka ci Ingila da yaƙi a 1066, ke kafa ganuwowi a kan iyakar. Har yau tudun da aka gina sansanin mai garin a kansa yana nan kusa da ita.

Fasalinta ba shi da wuyar ganewa: zauren jama'a, sai sashen limamai, sai ƙuryar gabas mai siffar rabin da'ira inda bagadi yake. Abin da ya fito da ita shi ne sassaƙa. Ƙofar kudu cike take da macizai masu haɗiye wutsiyarsu, da mayaƙa biyu cikin rassa masu sarƙewa, da itacen inabi a ƙarƙashin bakan ƙofar. A ƙarƙashin rufi kuma, duwatsu sama da 80 sun zagaye ginin, kowanne da surarsa: ga kare da zomo kafaɗa da kafaɗa, ga mai goge, ga 'yan kokawa. Duk wanda ya dubi karen nan zai san masassaƙin ya daɗe yana kallon dabbobin ƙauyensu. Masana na ganin tasirin sassaƙar Faransa da ta mutanen arewacin Turai a hannun gwanayen da suka yi wannan sassaƙa, waɗanda kuma ake danganta musu aikin majami'ar Shobdon.

Me ya sa ta tsira? A ƙarni na 14 yunwa da annoba suka rage jama'ar ƙauyen, kasuwarsa ta mutu. Garuruwan da suka yi arzikin ulu sun rushe tsoffin majami'unsu sun ɗaga manya masu dogayen tagogi. Kilpeck ba ta samu attajirin da zai yi mata haka ba, sai gyare-gyaren da aka yi a 1864 da 1898 da 1962, waɗanda suka bar sassaƙar yadda take.

A ganina, cikin ƙananan majami'un Normawa da suka rage a Ingila, da wuya a samu wadda ta kai ta cika. Kuma har yanzu mutanen ƙauyen na ibada a cikinta.