Yadda Tauraro Ke Kamo Sunaye A Kwamfuta

Malamai da masu koyon aikin malanta, ga wani abu da ya kamata ku sani tun ba ku kama aji ba. A watan Satumba na 2024 madatsar ruwa ta Alau ta ɓalle, ruwa ya shiga Maiduguri. Wanda duk ya ga takarda ta zama kunu a ran nan, ya san amfanin ajiye sakamakon yara a kwamfuta. To, ajiyewa ba wuya. Nemowa ita ce aiki.

A ce kana da fayil 27, ɗaya domin kowace ƙaramar hukuma ta Jihar Borno, kowanne da sunanta. Kana son waɗanda suka fara da Ma. Sai ka rubuta Ma*, watau Ma da tauraro a bayansa. Nan da nan na'ura za ta kawo maka Mafa da Magumeri da Maiduguri da Marte. Ma'anar tauraron ita ce, kome ya biyo baya ya yi, baƙi ɗaya ne ko goma, ko ma ba kome.

Alamar tambaya kuwa ba ta da zarin tauraro, harafi guda tak take tsaya wa. In ka rubuta Ma?? Mafa kaɗai za ta fito, gama Marte haruffanta biyar ne. Akwai kuma baka mai kusurwa, wadda a ke zuba haruffa a ciki a ce a ɗauki ɗaya. M[ao]* zai kawo huɗun nan na farko, ya ƙara da Mobbar da Monguno.

Dabarar nan ta girmi yawancinku. Tun a 1971 tana cikin tsarin Unix na farko, wanda su Ken Thompson da Dennis Ritchie suka yi a Bell Labs ta Amurka. A lokacin wata 'yar manhaja ce mai zaman kanta, sunanta glob. Daga baya aka mai da ita cikin laburare, watau ma'ajiyar umarni da aka riga aka rubuta, kowace manhaja ta je ta ara, kamar yadda malami ke aron ƙamus maimakon ya zauna rubuta nasa. A 1992 ƙa'idar POSIX ta tsai da guda biyu. Fnmatch, a ba ta zane da suna ɗaya, ta ce sun dace ko ba su dace ba. Glob kuwa ita ke bin fayil fayil ta tattaro dukan waɗanda suka dace. Harshen Python ma yana da su da waɗannan sunaye.

Amma fa ku lura, laburaren nan haruffa take dubawa, ba ta san mutane ba. Kowa a Yerwa ya san Bukar shi ne Abubakar, Modu shi ne Muhammadu, Falmata ita ce Fatima. Ita ko oho. In ka nemi *bakar za ta kawo Abubakar ta bar Bukar a baya, yaro kuwa ya zauna ba sakamako, ana ce ya ɓace. A Unix da 'yarsa Linux har babban baƙi da ƙarami ba ɗaya ba ne, don haka sai ka rubuta *[Bb][au]kar kafin ka kamo su duka biyu. Modu da Muhammadu kam, in ka nemi zanen da zai haɗa su, sai ya jawo maka su Mahmudu. Gara tun farko ku sa wa fayil lambar yaro ta rajista, sa'an nan suna ya biyo.

Sauran magana ɗaya. Tauraro kamar tarun masuntan Baga ne, ba ya zaɓe. Wajen nema wannan alheri ne, wajen sharewa kuwa ba haka ba. Umarnin rm na Linux share fayil yake yi, ba ya tambaya, ba ya kuma ajiyewa a kwandon shara. In ka rubuta rm Ma* fayil huɗu suka tafi. In yatsa ya zame ka bar fili tsakanin Ma da tauraron, na'ura za ta ɗauka abu biyu ka ce mata, ta share 27 ɗin nan gaba ɗaya. Saboda haka ku fara gwada zanen da umarnin ls, wanda jerawa kawai yake yi. Ku karanta jerin, ku ƙirga, sa'an nan ku sauya ls da rm, kada ku taɓa sauran.