Sida a Arewa: mai magani na ɓoyo, ƙwayar cuta na cin kasuwarta

A Kiéché, kamar sauran garuruwan Dallol Mawri, da an gama girbi samari sai su ɗau jaka su tafi biɗa: wani Kwatano, wani Abijan, wani Legas. Su kan dawo da kuɗin aure da babur. Jefi-jefi wani ya dawo da abin da shi kansa bai san yana ɗauke da shi ba. Sau da yawa matarsa ce za ta fara jin labari, ranar awon ciki a likita, domin a nan ake yi wa mata gwaji. Wadda ta fara sani kuwa ita ake ɗora wa laifi. Shi ya sa za ka ga mace ta juye ƙwayoyinta cikin robar wani magani, ta tura ƙarƙashin tufafi don kada kishiya ta gani, ko ta wuce asibitin Dogon Dutsi ta biya kuɗin mota har Doso, inda babu idon sani.

Nijar na cikin ƙasashen Afirka masu ƙarancin cutar, ba ta kai ko mutum ɗaya cikin ɗari ba. Abin farin ciki ne, amma yana da nasa lahani: mutumin karkara bai taɓa ganin mai sida yana noma da ƙarfinsa ba, gawa kawai ya sani. Alhali tun 2004 gwamnati ke ba da maganin kyauta. Aikin maganin shi ne hana ƙwayar hayayyafa cikin jini. Wanda ya riƙe shi kullum ba fashi, cikin kamar wata shida ƙwayar kan ragu har na'ura ta kasa ganin ta, kuma a wannan hali ba ya sa wa matarsa ta hanyar kwanciya. Mai ciki da ba ta shan magani, haɗarin ta ba jaririnta yana tsakanin kashi 15 zuwa 45 cikin ɗari. Da magani ya kan sauka ƙasa da kashi 5. Cin tuwo kwano ɗaya, gaisawa, cizon sauro, duk ba sa ɗauko ta.

Masu fitowa fili ne suka fi kowa karya tsoron. Mawaƙin Yuganda Philly Lutaaya ya faɗa wa duniya halinsa a 1989, ya zagaya makarantu yana gargaɗi kafin ya rasu a shekarar. A 2005 Nelson Mandela da bakinsa ya ce sida ce ta kashe ɗansa Makgatho. A Nijar ƙungiyar RENIP+ ta haɗa masu ɗauke da ƙwayar, su ne ke zama da sabon da aka gwada, su nuna masa cewa ga su nan da rai.

Sai dai ba zan ce wa wata baiwar Allah a Kiéché ta tashi ranar kasuwa ta tona asirinta ba. Gugu Dlamini ta tona nata asirin a rediyo a Afirka ta Kudu cikin Disamban 1998, kafin watan ya ƙare maƙwabta suka kashe ta da duka. Dokar Nijar ta 2015 ta hana tsangwamar mai cutar da fallasa sirrinsa, amma wace doka za ta hana uwar miji cewa a kore ta? Wannan aikin liman ne da mai gari, da mijin da ya dawo daga biɗa, wanda ya kamata ya riga matarsa miƙa hannu a ɗebi jininsa.