Ƙasa, Cuta da Jama'a a Gabashin Sakkwato: Dalilin Haɗa Fannoni Wajen Bincike



Ran 21 ga watan Maris na 2024 Ma'aikatar Lafiya ta Jihar Sakkwato ta sanar da Cibiyar Yaƙi da Cututtuka ta Nijeriya, watau NCDC, cewa wata cuta ta ɓulla tsakanin yara a ƙasar Isa. Alamunta su ne ciki ya cika da ruwa ya kumbura cikin 'yan kwanaki, ga zazzaɓi da amai da rama. Yawancin waɗanda ta kama 'yan shekara 4 zuwa 13 ne, ko da yake an sami manya kaɗan a cikinsu. Sa'ad da shugaban cibiyar, Dokta Jide Idris, ya yi wa manema labarai bayani cikin watan Afrilu, an ƙirga mutum 164 a mazaɓu shida: 98 a Isa ta Kudu, 22 a Bargaja, 17 a Isa ta Arewa, 12 a Tozai, 11 a Turba, 4 a Tsabre. Huɗu sun riga mu gidan gaskiya. Ba a jima ba aka sami rahoton irinta daga Sabon Birni. Cibiyar ta kuma ce an taɓa ganin mai kama da ita a 2023, ta lafa ba tare da an sa mata suna ba.

Wannan al'amari ne zan riƙe in yi bayanin abin da ake nufi da bincike na haɗin fannoni, domin kuwa magana ce da ake yawan yi a jami'o'inmu, amma ba safai ake kawo ta ƙasa har a ga amfaninta ba.

Gwajin farko da aka yi wa jinin wasu daga cikin yaran ya nuna akwai dalma da wani ƙarfe da ake kira kuromiyam, gwargwado daban-daban. Da jin an ambaci dalma, hankalin kowa ya koma Zamfara, kuma da dalili. Cikin watan Maris na 2010 likitocin ƙungiyar MSF da ke aikin sa ido kan sanƙarau suka tarar yara ƙanana suna mutuwa a ƙauyukan Anka da Bukkuyum, irin su Dareta da 'Yargalma, bayan farfaɗiya da suma. An ba su maganin zazzaɓin cizon sauro, an ba su na sanƙarau, duk a banza. Sai da aka aika da jini waje aka gane gubar dalma ce. Na'urar da ake yawo da ita a ƙauye iyakar awonta maikirogiram 65 ne cikin kowane desilita na jini, kuma yara da yawa sun zarce nan, alhali daga 45 ake fara ba da maganin da ke tsamo dalma daga jiki. Fiye da yara 400 suka rasu.

To, gwajin jini ya faɗi sunan guba, amma bai faɗi ta inda ta shigo ba. Masanin duwatsu shi ya nuna cewa dutsen zinariyar wannan yanki a cakuɗe yake da dalma mai yawa. Masanin tattalin arziki ya nuna cewa tashin farashin zinariya a duniya bayan 2008 shi ya janye manoma daga gona zuwa rami. Wanda ya san zaman gidan Bahaushe kuwa shi ya gane abin da ya sa yara ne ke mutuwa, ba mahaƙa ba: ana kawo dutsen cikin gida, mata su daka shi a turmin da suke dakan hatsi, ko a kai shi injin niƙa, ƙura ta bi tsakar gida inda yaro ke rarrafe yana sa hannu a baka. Da farko ma mutane sun ɓoye yawan mace-macen don tsoron kada hukuma ta hana haƙa, har masu bincike suka koma ƙirga sababbin kaburbura na yara. Akwai kuma shaidar da ke gaban kowa ba wanda ya karanta ta, watau agwagin ƙauyukan da suka ƙare tun kafin yara su fara faɗuwa. Da akwai likitan dabbobi da ke magana da na mutane, da watakila an farga da wuri. Magani ma bai yiwu ga likita shi kaɗai ba, gama in aka wanke jinin yaro aka mai da shi gidan da ƙasarsa ke da guba, aikin baban giwa aka yi. Sai da injiniyoyi suka kankare ƙasar gidaje suka zuba sabuwa, kuma garin Bagega bai sami wannan aiki ba sai 2013.

Amma fa kada mu yi saurin ɗaukar hular Anka mu ɗora wa Isa. Akwai dalilai biyu na yin hattara. Na farko na likitanci ne. Gubar dalma a jikin yaro ƙwaƙwalwa take fi taɓawa, ta kawo farfaɗiya da ƙarancin jini da murɗar ciki. Cikar ciki da ruwa farat ɗaya kuwa ta fi nuni zuwa ga hanta. Samun dalma a jinin yaro a ƙasar da ake shafa tozali, ana girki da tukwanen da aka narka daga tarkacen ƙarfe, ana fasa tsofaffin batura, bai isa hujjar cewa ita ta kwantar da shi ba, sai an auna jinin yaran da ke lafiya a unguwa ɗaya an gwada. Na biyu na labarin ƙasa ne. Ruwan Anka da Bukkuyum ba ya biyowa ta Isa. Gulbin Zamfara yamma yake nufa, ya haɗu da na Sakkwato can ƙasar Kabi. Abin da ke shayar da fadamun Isa da Sabon Birni shi ne Bunsuru da Gagare, waɗanda suka taru suka zama gulbin Rima, sa'an nan gulbin Maraɗi, wanda ya taso daga ƙasar Katsina, ya bi ta Jibiya ya shiga Nijar, ya ratsa Maraɗi da Tsibiri da Gidan Runji, ya komo ya zuba a Rima. Duk wanda ke zargin ruwa, waɗannan gulabe zai bi har mafarinsu, ɗaya daga cikinsu kuwa sai da fasfo.

Akwai wasu ƙasashe da suka ga kumburin ciki irin wannan, kuma labarinsu ya cancanci a ji. A gundumar Gulran ta ƙasar Afganistan, tsakanin 1974 da 1976, bayan fari mai tsanani, dubban mutane suka kamu da ciwon hanta mai cika ciki da ruwa. Da aka bi diddigi sai aka tarar wata ciyawa ce mai jure fari ta yaɗu a gonakin alkama, 'ya'yanta suka shiga cikin hatsi, talakawa suka niƙa suka ci don ba su da zaɓi. Gubar da ke cikinta tana toshe ƙananan jijiyoyin jini na hanta. A yankin Tigirai na Habasha an sake ganin haka a farkon shekarun 2000, aka yi shekaru ana kiranta cutar hanta da ba a sani ba, har sai da masana tsirrai da likitocin dabbobi da masana magunguna suka shiga aikin, zargi ya tsaya kan wata ciyawar gona mai irin wannan guba. Ban kawo waɗannan don in ce abin da ya faru a Isa ke nan ba. Na kawo su don a ga cewa amsar ciwon da aka gani a gadon asibiti tana iya kasancewa cikin rumbu, kuma likita, kome ƙwarewarsa, ba a koya masa bambanta ƙwayar ciyawa da ta gero ba.

Mu koma ga alƙaluman nan. Mutum 98 cikin 164, watau wajen kashi uku cikin biyar, daga mazaɓa ɗaya suke. Mai nazarin yaɗuwar cututtuka zai ce wannan alama ce ta abu guda da mutane suka yi tarayya a kansa, rijiya ko injin niƙa ko kasuwa ko mai magani. Mai nazarin zaman jama'a zai ɗaga hannu ya ce a dakata: Isa ta Kudu cikin gari take, kusa da babban asibiti, saboda haka mai yiwuwa ne can aka fi ƙirgawa, ba can aka fi kamuwa ba. Dukansu biyu suna da gaskiya, kuma ba wanda zai warware wannan shi kaɗai. Haka batun shekaru. A Zamfara 'yan ƙasa da shekara biyar ne suka fi mutuwa, masu wasa da ƙasar tsakar gida. A Isa kuwa 'yan 4 zuwa 13 ne, watau masu zuwa ɗiban ruwa da kiwo da talla da makarantar allo, masu tsinkar 'ya'yan itace a daji da wanka a kududdufi. Me waɗannan suke ci ko sha wanda jariri a goye ba ya samu? Wannan tambaya uwa ce za ta amsa ta, kuma ba za ta buɗe baki ga baƙon namiji mai riƙe da takarda ba. Ashe ke nan mace mai jin Gobirci, wadda za ta shiga har ɗaki, tana daidai da na'urar awon jini wajen muhimmanci. Ga kuma lokaci: watan Maris tsakiyar rani ne, rijiyoyi sun ja baya, hatsi ya yi wata biyar a ajiye da maganin ƙwari a jikinsa, masu noman rani suna feshi a fadama. Cibiyar NCDC da kanta ta ambaci haƙar ma'adinai da magungunan feshi da hanyoyin neman magani na mutanen wurin cikin abubuwan da ta lura da su, ta kuma ɗebi ruwa da ƙasa da hatsi da tsirrai, tare da Asibitin Koyarwa na Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo da hukumar NAFDAC da wasunsu.

Irin wannan aiki ba baƙo ba ne a ƙasar Hausa. Daga 1969 zuwa 1976 Hukumar Lafiya ta Duniya da gwamnatin Nijeriya sun gudanar da bincike kan zazzaɓin cizon sauro a Garki, wadda yanzu take Jihar Jigawa, inda likitoci da masana ƙwari da masana lissafi suka yi aiki tare, suka nuna cewa feshin ɗakuna da rabon magani sun rage cutar ƙwarai amma ba su katse ta ba. A hayin iyaka kuwa, bayan farin 1973, Claude Raynaut da abokan aikinsa na Jami'ar Bodo ta Faransa sun tara masana noma da na labarin ƙasa da na al'adu a jihar Maraɗi. Abin da suka fito da shi shi ne ƙarancin ruwan sama kaɗai bai isa ya bayyana yunwa ba: gonaki sun cinye daji, an daina barin saura ta huta, gyaɗa da haraji sun sa kuɗi ya zama tilas, talaka yana sayar da hatsinsa da kaka ya koma ƙwadago a gonar wani da damina. Mutanen da suka yi wa wannan nazari dangin na Sabon Birni ne. Tun da Alƙalawa ta faɗi a 1808, Gobirawa suka kafa Tsibiri, daga baya Ɗan Halima ya ɓalle ya kafa Sabon Birni, gida ɗaya ne aka raba, iyakar Ingila da Faransa ta zo daga baya ta bi ta tsakani. Abin takaici, rubuce-rubucen Maraɗi da Faransanci suke, namu da Ingilishi, ɗalibin Sakkwato bai karanta na can ba, na Yamai bai karanta na nan ba, alhali manoman da ake magana a kansu harshe ɗaya suke yi.

Sai dai masu binciken Garki da Maraɗi sun yi aikinsu cikin zaman lafiya, suna kwana a ƙauye. Yau ba haka ba ne. Cikin watan Mayu na 2020 'yan bindiga sun kashe fiye da mutum 70 a ƙauyukan Sabon Birni. A Disamba 2021 aka ƙone matafiya cikin mota a ƙasar. A Agusta 2024 aka kashe Sarkin Gobir na Gatawa, Alhaji Isa Muhammad Bawa, a hannun waɗanda suka sace shi. Tun 2019 dubban mutane suka ƙetara zuwa jihar Maraɗi gudun hijira. Wannan ya shafi bincikenmu ta fuska biyu. Yana hana mai bincike isa wurin, har ya zamana alƙaluman da muke da su na inda mota ke iya zuwa ne kawai. Sa'an nan shi kansa rashin tsaron yana cikin musabbaban cuta, domin wanda aka hana shi gonarsa, ko aka ɗora wa ƙauyensu harajin 'yan bindiga kafin girbi, zai ci hatsin da a da zai zubar, ya sha ruwan da a da zai ƙyale, ya nemi magani wurin duk wanda ya samu tun da ma'aikacin asibitin ƙauye ya gudu.

Nan ne nake ganin nauyi ya faɗo kan jami'a. Ayarin da aka turo daga Abuja zai yi mako biyu ko uku ya koma, haka aikinsa yake. Abin da ya ɓace a 2023, har cutar ta komo a 2024 ta tarar ba a shirya ba, shi ne awo na yau da kullum: a san yadda ruwan rijiyoyin Isa yake a shekarar da ba kowa ke ciwo ba, a san gwargwadon dalmar da ke jinin yaro mai lafiya, a san ciyayin da ke biyo gero da dawa zuwa rumbu da sunayensu na Hausa. In babu wannan ma'auni, duk sakamakon da ya fito ranar annoba ba shi da abin gwadawa. Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo tana da tsangayar likitanci da ta likitan dabbobi da ta aikin gona, da sassan labarin ƙasa da nazarin zaman jama'a da harsunan Nijeriya, Maraɗi kuma tana da Jami'ar Ɗan Dikko Ɗankulodo. Abin da ke hana su haɗuwa sananne ne gare mu duka: ƙarin girma a jami'a yana bin takardar da mutum ya buga a fanninsa, kuɗin bincike yana zuwa sashe-sashe, kuma kowane fanni yana ganin awon ɗan'uwansa bai kai nasa ba. Ga ɗalibanmu 'yan asalin Isa da Sabon Birni da Gatawa, waɗanda ke zuwa gida hutu ta hanyoyin da baƙo ba zai bi ba. In aka koya musu yadda ake ɗiban ruwa a kwalba mai tsabta, a rubuta rana da sunan rijiya, da yadda ake tambayar tsohuwa abin da jikokinta suka ci ba tare da ta ji ana tuhumarta ba, za a iya tara awon rani da na damina na shekara guda kafin wani watan Maris ya zagayo.