Idan Babbar Wayar Wuta Ta Ratsa Gonarka

Duk wanda ya bi hanyar Kaduna zuwa Kano ya ga dogayen turakun ƙarfe a jere cikin gonaki, ɗauke da wutar da ke fitowa daga tashar Shiroro, ta biyo ta Mando, ta sauka a Kumbotso. Kowane turke a gonar wani aka kafa shi. To mene ne haƙƙin mai gonar?

Amsar tana farawa daga Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978. Wannan doka ta danƙa dukkan ƙasar jiha a hannun gwamna a matsayin amana, abin da mutum yake da shi kawai shi ne haƙƙin zama da amfani. Sashe na 28 ya ba gwamna ikon soke wannan haƙƙi saboda amfanin jama'a, kuma samar da wutar lantarki yana cikin abubuwan da dokar ta lissafa. Don haka cewa "gonar gado ce, ba zan bayar ba" ba ta hana waya wucewa. Amma sokewar tana da ƙa'ida: dole a ba mai fili takardar sanarwa. Kotuna sun sha rushe karɓar fili saboda ba a isar da wannan takarda ga mai shi ba.

Faɗin da waya ke ci ya danganta da ƙarfinta. Layin kilobolt 330 yana cin mita 50, wato 25 a kowane gefe. Na 132 mita 30 ne, ƙananan layukan 33 da 11 kuwa mita 11. Manyan layukan na kamfanin dakon wuta na TCN ne, ƙananan na kamfanonin rarraba wuta, irin su KEDCO a Kano da Katsina da Jigawa. A cikin wannan zirin ba a gini, ba a barin dogon itace.

A wajen diyya ne gizo ke saƙa. Mutane da yawa suna zaton kuɗin filin za a biya su, alhali sashe na 29 bai ce haka ba. Abin da ke kan ƙasar ake biya. Idan gida ne, a kimanta kuɗin sake gina irinsa, a cire tsufan da ya yi, a ƙara kuɗin ruwa in an yi jinkirin biya. Idan shuka ce, jami'in gwamnati ne ke yanke farashinta. Ita ƙasar kanta, sai dai a mayar maka da kuɗin hayar da ka biya gwamnati a shekarar, wanda manomin ƙauye ma bai taɓa biya ba. A ganina nan dokar ta ƙwari talaka. Ɗorawar da iyali suka yi shekara arba'in suna cin kalwarta, a sare ta rana ɗaya, a biya sau ɗaya, a kan farashin da aka rubuta a ofis tun kafin kaya su yi tsada.

Rashin takardar mallaka ba ya zubar da haƙƙi. Dokar ta amince da wanda ke noma gonarsa bisa al'ada, shi ya sa shaidar dagaci da maƙwabta ke da nauyi. Wanda bai gamsu da diyya ba yana iya kai kuka ga kwamitin rabon filaye na jiha. Dokar ta so rufe ƙofar kotu a kan yawan diyya, sai dai sashe na 44 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya wajabta biyan diyya cikin gaggawa, ya kuma ba mutum damar zuwa kotu a kan adadinta.

Wanda ya zo bayan waya kuwa, labarinsa daban. Mai sayen fuloti mai araha a ƙarƙashin layi, ko mai kafa rumfar kasuwa a gindin turke, ya sayi rigima da kuɗinsa: ana iya rushe ginin ba ko sisi. Ga haɗari kuma, domin wuta mai irin wannan ƙarfi tana iya tsallakowa ta kama rodi ko doguwar mota ba tare da an taɓa wayar ba.

Ranar da masu ƙididdiga suka zo gonarka, ka tsaya da kanka. Ka ƙirga itatuwanka tare da su, ka ɗauki hoto, ka kira shaidu, kuma kada ka sa hannu ko ka dangwala yatsa a takardar da ba a karanta maka ba.